Kilishin Hajiya a Gidan Indiyawan Gadarif

Ana idar da sallar asuba muka tashi daga garinmu Shuwak, a gabashin Sudan, mu uku: ni, da surukata Hajiya, da 'yata ta fari, wadda ko a rubuce bakina bai iya kiran sunanta ba. Gadarif muka nufa. Tafiyar ba wata mai nisa ba ce, mutanen garinmu kullum suna zuwa su dawo kafin magariba, amma ban taɓa shiga mota gabana yana faɗuwa irin na ranar ba.

Ga abin da ya tashe mu. Yarinyar ta samu gurbin karatun haɗa magunguna a Indiya, aka ce a aika da fasfonta kafin ƙarshen mako, in ba haka ba a ba wa wata gurbin. Hajiya ta ce a kawo mata fasfon ta sa masa albarka. Muka kai da murnarmu. Ta karɓa, ta buɗe tsohuwar adakarta ta ƙarfe, ta saka shi a ciki, ta kulle, ta ƙulle makullin a gefen mayafinta, ta ce an gama magana. Maigidana kuwa, a gona in ya yi tsawa har maƙwabta suna ji, amma a gaban mahaifiyarsa ko tari zai yi sai ya duba fuskarta tukuna.

Hajiya ba ta san Indiya ba sai a talabijin, kuma abin da ta gani bai yi mata ba. Ta ce ba za ta tura jikarta ƙasar da 'yan mata ke rawa cikin ruwan sama ciki a waje ba. Muka yi ta lallashi har muka gaji. Daga ƙarshe ta ce ita ba ta hana ba, ba ta kuma yarda ba, sai ta ga matan ƙasar da idonta. Nan ne maigidan ya tuna da wasu Indiyawa da yake kai wa riɗi a Gadarif duk kaka. Ya buga musu waya, suka ce mu zo.

Hajiya ba ta zuwa gidan mutane hannu biyu. Kwana biyu ta yi a kan kilishi: ta yanka naman falle-falle da hannunta, ta shanya a kan rufin rumfa tana korar ƙuda, ta dama tunkuza da kayan yaji ta tsoma shi, ta sake shanyawa, ta gasa. Duk Shuwak an san kilishinta, har Larabawan kasuwa in sun ji ƙamshi sukan aiko a tambaya ko da saura. Ta naɗe shi cikin takarda, ta ɗaure da sabon ƙyalle, ta rungume shi a cinya tun daga tasha.

Motar ƙaramar bas ce, an cusa mu har da mai zama a kan jarka. Kuɗin mota ya ƙaru tun zuwana na ƙarshe, kuma Hajiya ba ta bar maganar ta wuce haka ba, sai da ta tambayi kwandastan ko hanyar ce aka ƙara wa tsawo. Amma da gari ya waye sosai kowa ya koma kallon taga. Ni haifaffiyar yankin nan ce, duk da haka gonakin Gadarif a lokacin kaka ba su taɓa daina ba ni mamaki ba. Baƙar ƙasa shimfiɗe har inda ido ya tsaya, babu tudu babu kwari. An yanke riɗi an jingina shi dami-dami a tsaye yana shan rana, dawa kuma ta yi ja ta sunkuyar da kai, ga 'yan ƙwadago da laujensu sun jeru kamar masu sahu. Manyan motoci sai wuce mu suke yi, kowace an lafta mata buhuna har tana tafiya a karkace.

A wani ƙauye direba ya tsaya duba taya, muka sauka wurin wata mai shayi. Ta soya 'ya'yan gahawa a gabanmu, ta daka, ta dafa a 'yar tukunyar ƙasa mai dogon wuya, ta zuba citta har sai da na yi atishawa. Hajiya ta sha kofi biyu da zalabiya mai zafi, wato irin fankenmu na nan. Yarinyar kuwa ba ta taɓa komai ba, idonta yana kan gefen mayafin nan da aka ƙulle.

Tun daga nesa rumbunan hatsi na Gadarif suka fara bayyana, dogaye, farare, sun fi kowace hasumiya a garin tsawo. Cikin gari kuma ga benaye, ga bukkoki masu jinka a gefensu, kowa yana harkarsa. A tasha muka shiga raksha, keken nan mai ƙafa uku. Yarinyar ta yi ƙarfin hali ta ce, "Habboba, wannan ma a Indiya ake ƙera shi." Haka jikoki ke kiran kaka a wajenmu. Hajiya ta riƙe ƙarfe gam, ta ce, "Shi ya sa yake rawa."

Masana'antar Indiyawan tana bayan kasuwar amfanin gona. A nan ake tankaɗe riɗi a tsabtace shi kafin a fitar da shi ƙasashen waje. Ƙarar injuna ta cika ko'ina, ƙamshin riɗi har cikin maƙogwaro. Da yawa daga cikin masu ɗaukar buhu Hausawa ne daga wajen Fashaga, suka yi ta gaida Hajiya. Muka ce muna neman muhandisa, wato injiniyar wurin. Wani dattijo ya nuna mana ƙafafu biyu da suka fito daga ƙarƙashin wani ƙaton inji, ya ce ga ta nan.

Ta jawo jiki ta fito. Mace ce 'yar siririya, za ta yi shekara arba'in da wani abu, sanye da shuɗin kayan aiki da hular kwano, hannuwanta baƙi ƙirin da man inji. Amma a tsakiyar goshinta ga jan ɗigo, kuma awarwaronta na gilas ta tura su can sama ta naɗe da tsumma don kada inji ya kama. Sunanta Mira. Ta ce, "Marhab ya Hajja, kun haskaka mana wuri," da Larabcin da ya fi nawa fita, sannan ta ƙara da "sannu da zuwa" irin wadda ta koya a bakin ma'aikatanta. Ashe a Gadarif aka haife ta. Kakanta ne ya zo ta jirgin ruwa yana sayar da yadi, bai koma ba.

Muna tsaye wani direban babbar mota ya zo yana kumfar baki, wai an ƙi karɓar kayansa an ce da danshi. Mira ta goge hannu, ta tsoma shi cikin buhu har gwiwar hannu, ta ɗebo riɗin, ta jefa 'yan ƙwayoyi a baki ta tauna. Ta ce masa ya shanya kwana ɗaya ya dawo. Ya ce bai yarda ba, a gwada da na'ura. Aka gwada, na'urar ta faɗi abin da bakinta ya riga ya faɗa. Mutumin ya sosa ƙeya ya tafi. Na saci kallon Hajiya, na ga ta gyaɗa kai. Ita ma haka take gwada riɗi, kuma ba ta taɓa yarda da wanda bai iya haka ba.

Kafin mu fita Mira ta amsa waya da Turanci, ta amsa wata da yarensu, ta sa hannu a takardu, ta tsawatar wa wani magini. Wallahi ni dai baki na buɗe. Sannan ta ɗauko makullin mota ta ce mu je gida, surukarta tana jiranmu. Da kanta ta ja motar. Hajiya a gaba, kilishi a cinya, tana ta karanta addu'ar tafiya, don ba ta taɓa shiga motar da mace ke ja ba.

Gidan yana wata tsohuwar unguwa, da bishiyar darbejiya a ƙofa, an yi wani zanen furanni da farin gari a ƙasan dokin ƙofar. Mira ta ce mu ɗan dakata. Ta shige, ba ta daɗe ba ta fito, sai da na sake dubawa kafin na gane ta. Ta wanke man inji, ta naɗa doguwar sari ruwan ganye, ta ja gefenta ta rufe kai. A bayanta wata tsohuwa ce cikin fararen kaya, da tarin makullai rataye a ƙugunta. Matar da ɗazu ƙarti ke rawar jiki in ta yi magana ta sunkuya har ƙasa ta taɓa ƙafafun tsohuwar, tsohuwar ta dafa mata kai. Hajiya ta taɓa ni da gwiwar hannu, ta ce a hankali, "Kin gani? Ku yanzu a tsaye kuke gaisuwa."

Nan a bakin ƙofa Hajiya ta kwance ƙyallen, ta miƙa tsarabarta. Ƙamshin kilishi ya tashi. Tsohuwar ta ja da baya taku biyu, ta sa gefen mayafi ta toshe hanci. Yarinyar ta matso kunnena ta ce, "Umma, ba sa cin nama." Ashe ta karanta haka tuntuni, amma ta ɗauka waɗanda aka haifa a Sudan ai sun saba da namu. Maigidana kuwa shekara da shekaru yana hulɗa da su, bai san komai nasu ba sai sikeli.

Na ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Tunda nake ban taɓa ganin an mayar wa Hajiya da kyauta ba, kuma na san halinta: in aka ce mata a'a, za ta naɗe ƙyallenta ta juya tasha, fasfo kuma ya zauna a adaka har abada.

Mira ta tako ta fito waje, ta tsaya a gefenmu na ƙofar. Ta sa hannu biyu ta karɓi ƙullin, ta ɗan rusuna. Ta ce, "Hajja, kwana nawa kika yi kina wannan aikin?"

Hajiya ta ce, "Biyu."

Ta ce, "To ba zan ɓoye miki ba, don ke uwa ce. Tun da aka gina gidan nan nama bai taɓa tsallake ƙofar nan ba, ni kaina ban san ɗanɗanonsa ba. Amma kyautarki ta karɓu, ga ta a hannuna. Ki ba ni izini in ciyar da ma'aikatana da ita, da sunanki."

Ba ta tsaya nan ba. Ta juya ta yi wa surukarta magana da yarensu, kai a ƙasa, na gane ita ma izininta take nema. Tsohuwar ta sauke mayafi daga hanci, ta kaɗa kai irin nasu, alamar ta yarda. Mira ta kai ƙullin mota ta ajiye a kujerar gaba, ta dawo ta wanke hannu har gwiwa a famfon waje, sannan ta ce mu shigo.

Hajiya ba ta motsa ba. Ta ce, "Ko sau ɗaya? A Gadarif? Ko agashe?" Agashe shi ne tsiren da Hausawa suka yi suna da shi a Sudan, babu lungun da ba a gasa shi.

Mira ta yi dariya. Ta ce makarantar kwana ta yi cikin 'yan mata masu cin nama safe da yamma, ta yi jami'a a Indiya, ta yi kwas a Turai inda ta yi wata da watanni a kan burodi da dafaffen wake, kuma babu mai kallonta a can. Ta ce, "Ko sau ɗaya, Hajja."

Hajiya ta dube ta sama da ƙasa, ta ce, "Ikon Allah," ta cire takalmi ta shiga.

Abin da ya ƙara ɗaure mini kai shi ne ɗakin ajiyar abinci. Mira ce ke riƙe da makullan masana'anta duka, amma da za a ɗebo shinkafa sai ta tsaya, tsohuwar ta zo da kanta ta buɗe, ta auna, ta kulle. Na tambaye ta ko abin ba ya damunta. Ta ce, "Can nawa ne, nan nata ne. In na karɓe mata wannan, me zai tashe ta da safe?"

Aka kawo abinci a manyan farantai na ƙarfe, kowanne da 'yan kwanoni zagaye da shi: burodi falle kamar kisra, wainar dawa ta wajenmu, amma na alkama, miyar ƙananan wake da ake kira adas, dankali da kuɓewa, nono, da wani mangwaro da aka jiƙa cikin mai da barkono wanda ya sa hawaye suka zubo mini. Hajiya ta fara da taka-tsantsan, tana leƙa kowane kwano, can sai na ga ta miƙa farantinta a ƙara. Ta ce yajin ya yi, da dai da ɗan ƙashi a ciki da babu abin da ya rage. Da azahar ta yi, Mira ta kai mu wani ɗaki da babu hoto ko ɗaya a bangonsa, ta ɗauko darduma da suka ajiye don baƙi, ta nuna mana alƙibla ba tare da mun tambaya ba. A wani lungun gidan akwai wurin ibadarsu da 'yar fitila tana ci. Mun wuce ba mu tsaya ba, su ma ba su ce mana komai ba.

Bayan salla tsofaffin biyu suka zauna a kan gado ɗaya a inuwa, suna hira da Larabci, kowace da irin karyewar harshenta. Tsohuwar ta ce ta zo Sudan tana amarya, ba ta sake ganin mahaifiyarta ba. Hajiya ta juyo ta dube ta. Sai na ji ta ce, "Mu ma haka ne. Kakana ya fito daga Haɗeja da ƙafa zai je Makka, ya ce wa uwarsa shekara biyu zai dawo. Ga mu nan har yau. Mu jininmu in ya tafi ba ya komawa."

Shekara ashirin da ɗoriya ina zaune da matar nan, ban taɓa jin ta faɗi haka ba. Duk tsawon kwanakin nan ina ta ba ta amsa a kan rawa da ruwan sama, ashe ba nan ciwon yake ba. Kunya ta kama ni, tausayinta kuma ya cika mini zuciya.

Tsohuwar ta ɗago tarin makullan ƙugunta, ta nuna wa Hajiya wani zobe guda da babu komai a jikinsa. Ta ce jikarta, 'yar Mira, tana Indiya tana karatun likita shekara uku ke nan. Ranar da za ta tafi, tsohuwar ta cire makullin akwatinta ta ba jikar, akwatin da wasiƙun mahaifiyarta da kayan aurenta suke ciki. Ta ce, "Duk hutu tana zuwa ta buɗe mini in duba kayana."

Mira ta ce, "Ga mai gyaran kwaɗo nan a bakin layinmu, na ce a kira shi ya yi mata wani makullin, ta ce in ya shigo sai ta kore shi da tsintsiya."

Aka yi dariya, ban da Hajiya. Hannunta yana kan gefen mayafinta.

Da za mu tafi tsohuwar ta ba mu gwangwanin mangwaron nan mai sa hawaye, Mira kuma ta koma cikin shuɗin kayanta, ta biya da mu masana'anta. Ta tara ma'aikata ta ce ga saƙon Hajiyar Shuwak. Kafin mu juya mota takardar kawai ta rage, dattijon nan na ɗazu yana ɗaga hannu yana cewa rabonsa da kilishi irin wannan tun mahaifiyarsa tana da rai. Hajiya ta yi kamar ba ta ji ba, amma na ga ta gyara zama.

A hanyar dawowa Hajiya ba ta yi faɗa da kwandasta ba. Rana ta yi sanyi, damman riɗi sun yi dogayen inuwa a kan baƙar ƙasa. Ni kuwa ina ta lissafin yadda zan gaya wa yarinyar ta haƙura.

Mun shiga gida ana shirin kiran magariba. Hajiya ko mayafi ba ta cire ba, ta ce, "Ke, zo nan." Yarinyar ta bi ta ɗaki, ni na tsaya a bakin ƙofa. Ta kwance makullin, ta buɗe adakar. Fasfon yana kwance a kan wani farin yadi naɗaɗɗe, wanda ta tsoma a ruwan Zamzam shekarar da ta sauke farali. Kowa a gidan ya san na mene ne. Ta ɗauko fasfon ta miƙa mata. Ta ce, "Waccan muhandisar ta riƙe nata a inda babu mai ganinta. Ke ma ki riƙe sallarki."

Sannan ta rufe adakar, ta murɗa makulli, ta kama hannun yarinyar ta saka shi a ciki, ta dunƙule mata yatsu a kai. Ta ce, "Likkafanina yana ciki. Ban yarda a fasa mini adaka ba."

Yarinyar ta durƙusa har ƙasa tana kuka, ni ma na juya baya don kada a ga nawa. Hajiya ta ce mu tashi mu ba ta wuri, salla za ta yi.

Na tafi Gadarif da niyyar a nuna wa tsohuwa cewa duniya ta canja, sai ga shi ni aka koya wa karatu. Na ga mace tana kwance ƙarƙashin inji da safe, da rana tana taɓa ƙafar surukarta, kuma ba ta ji ɗayan ya rage mata komai ba. Na kuma gane cewa wani lokaci mutum yana ta gardama a kan abu kaza, alhali abin da yake tsoro daban ne, sai an zauna da shi a inuwa zai faɗa. Washegari da safe maigidan ya kai fasfon da kansa. Yarinyar ta samo baƙin zare ta rataya makullin a wuyanta, kuma tun yanzu, ba ta ko tafi ba, ta fara tambaya wane wata ake ba da hutun farko.